Yadda zaka haɗa kayan wasan labarin tsoro naka a Katsina ba sai ka yi oda daga waje ba

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ga wanda bai san wanga wasa ba, abin kamar tatsuniya ne amma masu sauraro su ne mutanen cikin labarin. Mutum huɗu ko biyar zasu zauna, ɗaya ya zama mai jan labari, sauran kowa ya ɗauki mutum guda ya zama shi, mai jan labari ya ce kun iso bakin wani kangon gida bayan magariba ƙofa a buɗe, mi zaku yi? Kowa ya faɗi nashi, in abin da kake so ka yi mai wuya ne sai a jefa dayis, wato irin ɗan lido, ko a yi wata dabara da zata yanke hukunci. Wanda ya buɗe wannan hanya shi ne Dungeons & Dragons da ya fito a Amurka a 1974, amma shi na yaƙi da neman dukiya ne. Na tsoro da ya fi suna shi ne Call of Cthulhu wanda kamfanin Chaosium ya fitar a 1981, Sandy Petersen ya tsara shi daga labaran H.P. Lovecraft, wani marubucin labaran tsoro na Amurka.

Toh in ka duba hotunan masu wasan a intanet zaka ga tebur cike da kaya, ƙananan gumaka masu fenti, ƙoƙon kan roba, hayaƙi, fitilu kala-kala, sai ka ji kamar sai kana da dala zaka fara. Wallahi ba haka ba ne. A wasan tsoro kayan da ke aiki su ne wanda ɗan wasa zai taɓa da hannunshi ya ji gabanshi ya faɗi, takarda da aka miƙo mashi, katako da zai zare hannu na rawa, kyandir da ke ƙarewa a gabanshi. Duk waɗannan kasuwa da kafinta da mai fotokwafi sun ishe ka. Abin da ke buƙatar hankali kawai shi ne a garinmu wasu abubuwan ba kayan wasa ba ne, suna da ma'ana ta gaske, zan yi ta nuna su muna tafiya.

Mataki na farko: zaɓi wasan kafin ka sayi komi

Kar ka sayi ko allura sai ka san wane wasa zaku yi, don kowane da abin da yake ci. Guda uku zan ɗora bayanin nan a kai.

Call of Cthulhu na bincike ne, ku ne masu bin diddigin wani abu da ya faru, kuma kowane mutum yana da lambar hankali da ke raguwa duk sanda ya ga abin da ido bai kamata ya gani ba. Yana son dayis mai fuska goma da takardu masu yawa. Chaosium suna da taƙaitattun dokokin farawa kyauta a shafinsu, ka sauke a waya ka buga a shagon kwamfuta. Halittun cikin littafin kuma ba dole ka yi amfani da su ba, wasunsu an siffanta su a matsayin alloli wanda mu bai dace da mu ba, ka cire ka sa Dodo ko fatalwa ko wani abu da ba a san sunanshi ba, dokokin zasu yi aiki yadda suke.

Dread shi ba dayis ko ɗaya, hasumiyar katakon Jenga, wadda ake zare katakonta ɗaya bayan ɗaya ba tare da ta rushe ba, ita ce ke yanke hukunci. Ten Candles kuwa na Stephen Dewey ne, ya fito a 2015, kyandir goma ake kunnawa a kashe fitila, kuma tun farko kowa ya san ba wanda zai tsira, labarin kawai na yadda mutane ke riƙe fata ne a sa'o'insu na ƙarshe. In wannan ne karonku na farko ni Dread zan ce ku fara da shi, don cikin minti biyar kowa ya gane dokar, har wanda bai taɓa jin labarin wasan ba.

Mataki na biyu: maganar dayis

Nan sai mun tsaya. Da yawanmu mun taso ana hana mu lido a gida, kuma ba haka kawai ba ne, akwai hadisi a Sahihu Muslim da ya yi hani mai tsanani kan wasan nardu, wani wasa da ake yi da dayis, malamai kuma sun yi bayani mai tsawo kan abin da ya shiga ƙarƙashin hanin. Ni ba malami ba ne ba zan yanke maka hukunci ba, ka tambayi malamin da ka yarda da iliminshi. Abin da zan ce shi ne kar ka taɓa matsa wa abokinka da zuciyarshi bata kwanta da dayis ba, kuma kar kuɗi ko wani abin ci ya shigo wasan ko da na raha ne, daga nan ya zama caca.

In kun yanke ba zaku taɓa dayis ba, Dread ya raba gardama tunda shi ƙwarewar hannu ce. Wasu kuma suna amfani da murfin kwalbar lemo, ka samu guda ashirin, goma kala ɗaya goma wata kala, ka rubuta 0 zuwa 9 a cikin kowane da maka, ka sa tela ya ɗinka maka 'yar jaka biyu masu zariya daga ragowar yadi. Jaka ɗaya ta gomomi ɗaya ta ɗaiɗai, ka zaro 4 a ta farko ka zaro 7 a ta biyu ka samu 47 kenan. Amma dole a mayar da murfin cikin jaka a girgiza bayan kowane zari, in ba haka ba lissafin ya karkace. Kuma kar ka ce zaka yi da katin Whot, babu 6 babu 9 a cikinshi, sauran lambobin ma ba yawansu ɗaya ba.

Ga wanda zai yi amfani da dayis ɗin kuwa, cikakken saiti guda bakwai ne, mai fuska 4, 6, 8, 10, 12, 20, sai wani mai fuska goma da aka rubuta 00, 10, 20 har 90. A Call of Cthulhu waɗannan biyun masu fuska goma su ne kusan komi. Misali mutuminka yana da 60 a iya lura da abu, ka jefa, in ya fito 60 ko ƙasa ka ga abin, in ya haura ka wuce baka gani ba, in kuma 00 da 0 suka fito tare ɗari kenan, ranar sai addu'a. Saiti ɗaya ya ishi tebur duka, a riƙa miƙawa. Irin waɗannan da wuya ka same su a shagunan gari, sai dai oda ta intanet ko ka sa manhajar jefa dayis a waya ɗaya a tsakiya. Ten Candles shi mai fuska shida yake so, wato ɗan lido na yau da kullum, guda goma kala ɗaya da wasu 'yan kaɗan na wata kala, wannan ko wajen masu kayan wasan yara zaka haɗa.

Wurin jefawa kuma, ka samu faranti mai ɗan zurfi ka shimfiɗa ƙyalle mai kauri a ciki. Dalili biyu ne, dayis ba zai gangara cikin duhu a tashi ana haska tocila ana nema ba, kuma ƙarar shi kan silba da daddare tana kai wa har ɗakin maƙwabta.

Mataki na uku: hasumiyar katako

Jenga guda 54 ne, ana jera uku-uku, kowane hawa ya gitta na ƙasanshi, hawa 18. Leslie Scott ce ta fito da shi kasuwa a Landan a 1983, kuma a Ghana danginta suka fara wasan. In ka samu na kanti ka saya. In baka samu ba ka je wajen kafinta da wannan awo, tsawo santimita 7.5, faɗi 2.5, kauri 1.5. Kaga faɗin uku in aka jera ya yi daidai da tsawon ɗaya, shi yasa hasumiyar ke tashi murabba'i. Ka ce mashi busasshen katako kake so mai nauyi, ɗanye zai lanƙwashe bayan sati biyu, kuma ya yi maka sittin don ka zaɓi 54 masu kyau.

Sirrin yana wajen gogewa. Ya goge kowane ɗaya da samfefa mai laushi har sai ya yi santsi, kar ya sa fenti ko banish, suna sa katakon ya manne da juna musamman lokacin zafi. Kuma kar ka damu in kaurin ya ɗan bambanta kaɗan ƙwarai, na kamfani ma haka yake, wannan ɗan bambancin shi ke sa wani katakon ya zare da sauƙi wani kuma ya ɗauke nauyin hasumiyar duka. Da damina katako na kumbura ya yi tauri, da hunturu ya saki, in ya yi tauri ka ɗan barbaɗa hoda ka goge.

Yadda ake yi a Dread, duk sanda mutuminka zai yi abin da ba tabbas, tsallake katanga, riƙe numfashi a bayan rumbu, sai mai jan labari ya ce zaro ɗaya. Da hannu ɗaya zaka zaro daga ƙasa ka ɗora a sama. In ka yi nasara abin ya yiwu. Kana da damar ka ƙi zarowa, sai dai abin ba zai yiwu ba amma kana raye. In hasumiya ta rushe a hannunka mutuminka ya fita labari kenan, ko ya mutu ko ya ɓata ko hankalinshi ya gushe. Kuma akwai dokar da nake so ƙwarai, kana iya ture hasumiyar da gangan ka sadaukar da kanka don abokanka su tsira. Wallahi in aka kai awa biyu hasumiya ta yi tsawo tana lilo zaka ga ɗaki ya yi tsit ba wanda ke iya tari.

Abin lura a wajenmu shi ne mun saba zama kan tabarma ko kafet, hasumiya kuma ba ta tsayuwa a kansu. Ka samu ƙaramin tebur mai ƙafa huɗu da baya rawa, ko faffaɗan katako ka aje kan siminti, ka sa shi gefe ɗaya nesa da gwiwar mutane, wanda zai zara ya taso ya je. Wannan tasowar ma tana ƙara wa abin nauyi. Fanka kuma kar ta fuskance ta.

Mataki na huɗu: haske, da maganar wuta

Tsoro baya zama ƙarƙashin farin ƙwan sola. Amma kar ka yi duhu ɗungurungum, dole kowa ya iya karanta takardarshi ya ga fuskar na kusa da shi. Fitilar ƙwai ta kananzir ita ce sarauniya, haskenta ja-ja ne, kana iya rage lagwani a hankali yayin da labari ke tsananta ba tare da kowa ya lura da lokacin da ka rage ba. In babu, fitilar caji ka yafa mata jan ƙyalle ko ruwan ɗorawa, wannan ba zafi ba hayaƙi, kuma ita nake ba da shawara ga duk ɗakin da akwai yara a gidan.

Ten Candles ne kawai sai da wuta ta gaske. Yawan dayis ɗin 'yan wasa yana tafiya da yawan kyandir da ke ci, a jefa, in an samu 6 ko guda ɗaya an yi nasara, duk wanda ya nuna 1 a ware shi gefe, in ba a samu 6 ba a kashe kyandir ɗaya wannan fage ya ƙare, a sabon fage 'yan wasa su ɗauki dayis daidai yawan kyandir da ke ci, sauran kuma su koma hannun mai jan labari. Ko iska ce ta kashe kyandir ba a sake kunnawa. Bayan haka kowa yana da 'yan katuna da aka rubuta halinshi na kirki da na banza da sauransu, in ya matsu sai ya ƙona ɗaya ya sake jefawa. Turawa suna amfani da ƙananan kyandir masu gwangwani da ke kai kamar awa huɗu. In baka same su ba ka sayi farin kyandir na shago ka yanka biyu daidai-daidai, ka cika babban tire da yashi ka kakkafa su da tazara, kakin zai zuba cikin yashi, in ɗaya ya faɗi ma yashi zai faɗa wa. Wajen ƙona kati ka samu kasko ko tasa ta ƙarfe da yashi a ciki, ba roba ba, ba ƙwarya ba.

Dan Allah ku ji wannan da kyau. Kafin ashana ta kama ka duba ɗakin, ba galan ɗin fetur na janareta, ba babur a ciki, ba gidan sauro a rataye kusa, labule a ɗaure. Bokitin ruwa a gefen mai jan labari. Mai babbar riga ko jallabiya mai faɗin hannu ya naɗe, 'yan'uwa mata masu hijabi ko mayafi kar su miƙa hannu ta saman wuta, a zagayo masu da farantin dayis. Taga ɗaya a buɗe saboda hayaƙi. Da hunturu komi a bushe yake kuma lokacin ne gobara ta fi yawa, ga iska da zata cinye maku wasan cikin rabin awa, da bazara kuma kyandir goma a rufaffen ɗaki ba fanka azaba ce, don haka lokacin da ya fi daɗi shi ne dare mai sanyi da damina. Kuma katunan da za a ƙona kar a rubuta sunan Allah ko na Annabi (SAW) a kansu, har sunaye irin su Abdullahi, ku sa laƙabi kawai.

Mataki na biyar: takardu, inda ya kamata ka kashe lokacinka

In da za a ce in zaɓi abu ɗaya cikin duka kayan nan, takardu zan zaɓa. Call of Cthulhu da su ya yi suna. Bambanci ne babba tsakanin ka ce kun tsinci wasiƙa tana cewa kaza, da ka zaro ambulan mai datti daga ƙarƙashin tabarma ka miƙa wa mutum ka yi shiru. Shi zai buɗe, shi zai karanta da muryarshi, sauran su matso, wani ya karɓe ya juya bayanta ya ga wani rubutu da ba a lura da shi ba.

Yadda ake tsufar da takarda, ka dafa shayi mai kauri ba madara ba suga ka bari ya huce. Ka yamutsa takardar a hannu ka warware, ka shimfiɗa a tire ka shafa shayin da auduga ko da jakar shayin kanta, wani wuri ya fi wani jiƙa, ka shanya a inuwa ka danne da littafi mai nauyi. Ka fara tsufarwa sannan ka yi rubutu in da tawada zaka rubuta, don tawada na narkewa. In bugawa zaka yi, ka buga da injin fotokwafi ko firinta mai hoda, shi baya zuba in ya jiƙe, mai tawadar ruwa kuwa zai dame. Gefen takarda ka yage da hannu, ka ninka huɗu ka sa a aljihu kwana biyu. Ƙona gefe da ashana da mutane ke yi ni ban so, ba wata tsohuwar takarda ta gaske da ke zuwa da gefe huɗu a ƙone.

Sai abin da ke ciki. A ce labarinka a shekarun 1950 yake, wani malamin haraji na En'e an tura shi ƙauye ƙidayar jangali bai dawo ba. Takardunka zasu zama rasit ɗin haraji, shafi uku daga littafin da yake rubuta abin da ya gani kullum, rubutun yana lalacewa daga shafi zuwa shafi, da wasiƙar da ya rubuta wa ƙaninshi bai aika ba. A nan ƙananan abubuwa ke sa a yarda. Kuɗi ka rubuta fam da sule da kwabo, naira sai 1973 ta zo. Kar ka rubuta Jihar Katsina, ita a 1987 aka cire ta daga Kaduna, a wancan lokacin Lardin Katsina ake cewa, zamanin Sarki Usman Nagogo ne wanda ya hau a 1944. Amma kar ka sa sunan sarki ko hatimin masarauta ko na wata hukuma a takardar wasa, girmamawa ce kuma takarda tana iya fita hannunka. Haka in zaka yi yankin jarida, ka duba yadda tsofaffin shafukan Gaskiya Ta Fi Kwabo suke, wadda aka fara a Zariya a 1939, ka kwaikwayi tsarin amma ka ƙirƙiri sunan jaridarka. Sunan ƙauye ma ƙirƙira zaka yi.

In a cikinku akwai mai hannu a ajami, ka roƙe shi ya rubuta maka wasiƙa ɗaya da alƙalamin kara da tawada. Wannan tana da daɗi don zaka ga wanda ya fi kowa shiru a tebur shi ne ya iya karantawa, sai kowa ya koma jiranshi. Hausa zalla za a rubuta, ba aya, ba addu'a, ba hatimi irin na tsibbu, ba laya ko ta ƙarya, ba allo. Waɗannan ba kayan wasa ba ne ko kaɗan. Haka wuri da katin duba irin wanda wasu wasannin Turawa ke zuwa da shi, ku bar su, muna da abin tsoro isasshe ba sai mun kusanci bokanci ba.

Banda takarda ka nemi abu biyu ko uku na riƙewa. Tsohon makulli mai tsatsa, kwaɗo a kulle wanda makullinshi ke wani ɗaki cikin labarin sai an nemo, kwabo mai huji in kaka tana da shi a adaka, takalmin yaro ƙafa ɗaya. Wajen 'yan gwangwan da masu tsofaffin kaya zaka samu abin mamaki. Kar su wuce uku a dare ɗaya, in sun yi yawa darajarsu ta faɗi.

Mataki na shida: taswira da shamaki

Taswira da hannu zaka zana a bayan kwali. Gidan da kowa ya sani a ranshi ya fi gidan Turawa mai bene uku ban tsoro, zaure, shigifa, tsakar gida, turaka, rumbu, madafi, rijiya a lungu, da ɗaki ɗaya da aka toshe ƙofarshi da tubali. Ka rufe kowane sashe da guntun takarda, sai sun shiga ka ɗaga. Mutane kuma maɓallin riga kala-kala ya isa. Abin da ke bin su kar ka sa mashi alama a taswira, kuma kar ka nuna hotonshi, da zarar an gan shi an san girmanshi tsoro ya ragu rabi. Wuraren tarihi kamar Hasumiyar Gobarau ko rijiyar Kusugu ta Daura ko Durɓi Ta Kusheyi kana iya ambatonsu don a san inda ake, amma abin tsoron ka kai shi wurin da ka ƙirƙira. Kuma kar ka ɗauki gidan wani na gaske a unguwa ka ce shi ne gidan fatalwa, ko ka siffanta wata tsohuwa da kowa zai gane ka ce mayya ce, irin wannan magana tana fita daga wasa ta cuci bayin Allah.

Shamakin da mai jan labari ke ɓoye takardunshi a baya, kwalin taliya ko na sabulu ya isa, ka yanka ya ninku uku, tsayinshi kamar faɗin takardar A4 wato santimita 21 don fuskarka ta fito, ka manna baƙar takarda ta waje, ta ciki ka manna dokokin da kake mantawa da sunaye goma na maza da mata da zaka ba duk wanda aka haɗu da shi ba shiri. Lambar hankali ko ta lafiya kuma maimakon gogewa da fensir cikin duhu, kowa a zuba mashi ƙwallon dabino ko 'ya'yan tsamiya a 'yar tasa, duk sanda ya yi asara ka miƙa hannu ka kwashe, yana kallo tasarshi na ƙarewa.

Mataki na bakwai: sauti

'Yar sifika ta Bluetooth da waya ɗaya, a sauke komi tun da rana, a sa wayar yanayin jirgi kar kira ko talla ya shigo tsakiyar fage. Mafi kyau ka ɗauki naka sautin, kukan gyare, ƙofar langa-langa tana buguwa da iska, guga tana taɓa bangon rijiya, tafiyar silifa kan yashi. Ka ɓoye sifikar bayan 'yan wasa ba gabanka ba, ka sa ƙasa-ƙasa yadda sai an yi shiru za a ji, kuma in abin ya zo ka kashe gaba ɗaya. Ihu da ƙarar bindiga kuwa a'a, ko kusa. Kowa ya san halin da jiharmu ke ciki, ƙarar harbi da daddare ko daga sifika ne tana iya tada unguwa. Saƙon WhatsApp ma kayan aiki ne, da wata wayar ka tura wa mutum ɗaya a ɓoye cewa kai kaɗai ka ga inuwar ta motsa, ka bar shi ya yanke ko zai faɗa wa sauran.

Mataki na takwas: katin tsayawa, da sanar da mutanen gida

Wannan kati ne kawai da aka zana babban X a kai, John Stavropoulos ya fito da tsarin, a aje shi tsakiya inda hannun kowa ke kaiwa. Duk wanda labari ya taɓo mashi wani ciwo sai ya taɓa katin, mai jan labari ya canza hanya nan take, ba tambayar mi ya faru, ba tsokana bayan an tashi. A wajenmu wannan kati ya fi kyandir da hasumiya muhimmanci. Cikin mutum biyar da ke zaune da wuya a rasa wanda aka taɓa ɗauke wani nashi ko aka tashi ƙauyensu, kuma ba lallai ya taɓa gaya maka ba. Shi yasa garkuwa da mutane da harin dare ni ban sa su a labari sam, kuma kafin a fara nakan ba kowa 'yar takarda ya rubuta abin da baya so a taɓo ba tare da suna ba, in karanta ni kaɗai. Wanda ke fama da firgita ko matsalar iska kuma kar a ja shi wasan don a ga yadda zai yi.

Sannan ka tuna yadda abin zai yi kama ga wanda ya leƙo daga waje, samari biyar cikin duhu sun kewaye kyandir goma suna ƙona takarda. Ba sai na faɗa maka abin da za a ce ba. Don haka tun da rana ka je wajen Baba ko Yaya ko mai gidan da zaku zauna, ka nuna mashi katakon da takardun ka yi mashi bayani, in ya ce a'a ku nemi wani wuri ko ku yi da fitilar caji. Ƙofa kar a sa mata sakata. Ku fara bayan isha'i ku sa lokacin tashi, awa uku ya isa, kar wasa ya ci maku asuba.

Ranar wasan ga yadda zaka jera. Ka riga kowa zuwa ka share wuri, ka gina hasumiya ko ka kafa kyandir, takardu ka sa kowace a ambulan ɗinta ka rubuta lamba da fensir ta baya yadda zasu fito bi da bi, ka aje bayan shamaki. Ruwan sha da gyaɗa ko dabino a gefe, abin maiƙo kamar ƙosai ko tsire a ci kafin a fara a wanke hannu, maiƙo na ɓata katako da takarda. In sun zo kowa ya sa wayarshi shiru, ka yi bayanin katin X da fitila a kunne, sannan ka rage haske ka buɗe da ga ta nan ga ta nanku, su amsa, kowa ya san daga nan an shiga labari. In an gama ka rufe da ƙurunƙus, ka kunna fitila duka, a ɗan zauna minti goma ana hira ana dariya kan wanda ya rushe hasumiya kafin a watse, wanda gidanshi ke da nisa a raka shi. Kayan kuma ka samu akwatin ƙarfe ko bokitin fenti mai murfi saboda gara da kusu, katako a jakarshi, takardu a leda, kyandir kuma ka aje shi daban a wuri mai sanyi don zafin Afrilu yana lanƙwasa shi ya narke kan sauran kayan.